Waye ke haska taurari idan ana ɗaukar musu hoton eksire?

Tambayar ta fito ne daga wani ɗan'uwa da ke aiki a sashen ɗaukar hoton eksire, wato ashi'a kamar yadda ake cewa a nan, a wani asibiti a Jidda. Ya ce: "A wurinmu sai an sa inji a gefe ɗaya, faranti a ɗaya gefen, mutum a tsakiya. To masu ilimin taurari da ke nuna hoton eksire na sararin sama, waye ke haska musu tauraron? Kuma tunda sararin hamadarmu tas yake, me ya hana a kafa irin wannan madubi a wajen Tabuk ko kan duwatsun Abha? Ɗana yana karatun fiziks a jami'a, fannin yana burge shi. Akwai abin da zai iya yi daga nan?"

Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya yi wa yaron albarka, ya sa ya fi haka.

Babu mai haska tauraron. Hoton da kuke ɗauka a asibiti hoton inuwa ne: inji ya fitar da haske, ƙashi ya tare, tsoka ta bari ya wuce, faranti ya rubuta bambancin. Na sama kuwa hoton wutar ce da kanta. Abin da ke can shi ne injin, mu ne farantin, sai dai tsakaninmu da shi akwai tafiyar haske ta dubban shekaru, wani lokaci ta miliyoyi.

Haske ƙwaya-ƙwaya yake zuwa, kuma ana auna ƙarfin kowace ƙwaya da ma'aunin eV. Wanda ido ke gani yana ɗauke da eV 2 zuwa 3. Injinku da kuke saitawa a kilobolt 60 zuwa 120 yana fitar da ƙwayoyi masu keV gommai, keV ɗaya kuwa eV dubu ne. Yawancin aikin masu binciken sama yana tsakanin keV 0.3 da keV 10. Ka tuna da matatar alminiyam mai kaurin milimita 2.5 da ke bakin injinku, wadda aikinta ta share raunanan ƙwayoyin da ba za su ratsa jiki ba, sai dai su tsaya a fatar majiyyaci su ƙara masa illa. To waɗannan da kuke zubarwa su ne abincin wannan fanni. Daga nan amsar tambayarka ta biyu take fitowa.

Ƙwaya mai keV 3 idan ta shiga iskar ɗaki, kafin ta yi tafiyar santimita 10 an haɗiye kusan tara daga kowace goma. Zarrar iskar oksijin ko naitirojin ce ke kama ta, ta yi amfani da ƙarfinta wajen fizgo elektiron guda, shi ke nan ta mutu. Iskar da ke bisa kanmu kuwa nauyinta ya kai kilo ɗaya a kan kowane murabba'in santimita, daidai da mutum ya kwanta a ƙasan tafki mai zurfin mita 10. Ka hau Jabal Sauda kusa da Abha, mai tsawon mita 3,000 ko kusa da haka, har yanzu kashi 70 cikin ɗari na iskar yana samanka. Tsabtar sararin hamada ni'ima ce ga mai duban hasken ido, amma ga eksire daren Tabuk da daren damina a Kano duk ɗaya ne, ba gajimare ko ƙura ke tare shi ba, iskar ce da kanta. Balan-balan na bincike da ke kaiwa kilomita 35 zuwa 40 yakan kama masu ƙarfi, daga keV 20 ko 30 zuwa sama. Masu rauni sai an wuce kilomita 100, wato sai roka ko tauraron ɗan'adam. Wannan katangar ita ce kuma ta sa babu mai buƙatar rigar dalma don ya fita tsakar gida da dare.

Shi ya sa fannin ya makara. Röntgen ya gano eksire a Jamus a 1895, amma sai a 1949 Herbert Friedman da abokan aikinsa suka kama na rana da rokar V-2 a Amurka. A Yunin 1962 Riccardo Giacconi da Bruno Rossi da wasu abokansu biyu suka harba roka da nufin ganin eksire daga wata. Mintuna biyar zuwa shida kacal ta yi a inda ake iya gani. Ba su ga na wata ba, sai suka ci karo da wani abu mai tsananin haske a ɓangaren taurarin Kunama, wanda aka sa wa suna Sco X-1. Tauraron ɗan'adam na farko da aka keɓe wa aikin daga Afirka ya tashi: ranar 12 ga Disamba 1970, daga wani dandali a teku kusa da Malindi a Kenya, ranar bikin 'yancin ƙasar, aka kira shi Uhuru. Ba shi da madubi. Abin da ke gabansa jerin siraran bututu ne masu barin hasken da ya zo kai-tsaye kawai ya shiga, kamar ragar da kuke sawa gaban faranti don tare hasken da ya watse. Yana juyawa sau ɗaya a minti 12, duk lokacin da bakinsa ya gifta wani abu sai ƙidaya ta hau. Da haka ya tara jerin wurare 339. Giacconi ya samu kyautar Nobel a 2002.

Me ke iya fitar da irin wannan haske? Lissafin a taƙaice: keV ɗaya yana tafiya da zafin digiri miliyan 11.6. Fuskar rana digiri 5,500 ce kawai, don haka a ma'aunin eksire fuskar rana duhu ce, sai rawanin iskar da ke kewaye da ita mai digiri miliyan ɗaya zuwa biyu ke haskawa. Kusan duk inda ka ga eksire a sama, ko dai akwai gas mai zafin miliyoyin digiri, ko kuma elektiron masu gudun da ya kusa na haske.

Hanya mafi ƙarfi ta samar da zafin ita ce faɗuwa. Tauraron nutiron gawar babban tauraro ce da ta dunƙule: nauyinsa ya kai na rana sau 1.4 ko fiye, faɗinsa kilomita 20 zuwa 25, za ka jera uku tsakanin Jidda da Makka. Idan yana da abokin kewaye a kusa, sai ya riƙa zuƙo gas daga jikinsa. Gas ɗin ba ya faɗawa kai-tsaye, yana kewaye kamar ruwa a bakin magudana, ya zama faifai, ɓangarorinsa suna gugar juna suna zafi har ya isa ƙasa. Abin da ya faɗa kan tauraron nutiron yana sakin kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari na dukan ƙarfin da ke ƙunshe a nauyinsa, alhali narkewar haidirojin da ke kunna rana kashi 0.7 take bayarwa. Dabino guda mai giram 7 da ya faɗa can zai saki kimanin kilowat-awa miliyan 30. Sco X-1 irin wannan ne, yana nesa da mu da shekarar haske 9,000, su biyun suna kewaye juna a awa 19, kuma eksire ɗin da yake fitarwa ya ninka dukan hasken rana sau dubun dubata. Idan abin da ke tsakiya baƙin rami ne, kamar Cygnus X-1 mai nauyin rana 21 da ke kewaye da abokinsa a kwana 5.6, ramin ba ya fitar da komai. Faifan da ke bakinsa muke gani. Manyan ramukan da ke tsakiyar majarra, wato manyan gungun taurari irin wanda muke ciki, haka suke yi da nauyin rana miliyoyi zuwa biliyoyi, kuma su ne mafi yawan ɗigon da ke cika duk wani hoto mai zurfi.

Akwai kuma wanda za ka gane tun daga injinku. A can elektiron yana dukan tangsitin, ya ci birki, ya zubar da ƙarfinsa a matsayin eksire. A tsakanin majarru masu zaman ayari, kamar ayarin Perseus, akwai gas mai zafin digiri miliyan gommai, siriri fiye da duk wani fanko da ake iya yi a ɗakin gwaji, inda elektiron ke gifta furoton ya karkace ya fitar da haske ta wannan hanyar dai. Nauyin gas ɗin ya ninka na dukan taurarin ayarin sau da yawa, ga shi ido ba ya ganinsa ko kaɗan. Kafin fannin eksire, mafi yawan zarrar da ke cikin ayarin majarru a ɓoye take.

Na uku shi ne elektiron da ke murɗawa cikin filin maganaɗisu. A 1006, daidai da 396 bayan hijira, Ali bin Ridwan, wanda ya zama babban likita a Masar, ya ga wani sabon tauraro can ƙasa-ƙasa ta kudu, ya rubuta cewa girmansa ya ninka na Zara sau biyu da rabi zuwa uku. Fashewar tauraro ce. A 1995 tauraron ɗan'adam na Japan mai suna ASCA ya duba ɓaraguzan, ya tarar gefuna biyu suna fitar da eksire marar layukan sinadarai, wato tarin ƙwayoyin da kowane sinadari ke fitarwa a wani takamaiman ƙarfi, alamar ba zafi ne ya haife shi ba, elektiron ne da igiyar fashewar ta tunkuɗa zuwa matsanancin gudu. Wannan ce hujjar farko mai ƙwari cewa irin waɗannan wurare suna cikin masu harbo ƙwayoyin da ke dukan iskarmu dare da rana. Ina ganin duk ɗalibin da ke iya karanta Larabci ya kamata ya san wannan, domin irin waɗannan rubuce-rubuce na wancan zamani su ke ba masu lissafi na yau shekarun ɓaraguzan daidai.

Mu zo kan madubin, nan ne gwanintar take. Eksire ba ya dawowa daga madubi idan ya dake shi gaba da gaba, shigewa yake yi ya mutu a ciki. Amma ka lura da kwaltar titin Makka da la'asar sakaliya: baƙa ce wulik, duk da haka idan rana ta yi ƙasa sosai sai ta riƙa ƙyalli kamar an zuba mata ruwa, domin hasken shafarta yake yi. Eksire ma idan ya shafi ƙarfe mai santsi a kusurwar da ba ta kai digiri ɗaya ba, zamewa yake yi ya ci gaba da ɗan karkata. Hans Wolter ya tsara yadda za a yi amfani da wannan a 1952: madubi mai siffar ganga marar gindi, a haɗa biyu a jere, haske ya shafi na farko ya shafi na biyu, sannan ya taru a wuri ɗaya can baya. Shafa ɗaya tana tara abin da ke tsakiya kawai, na gefe ya watse, ta biyun ce ke gyara hoton.

Tsadar wannan dabara ita ce fili. Madubin Chandra na Amurka, wanda aka harba ranar 23 ga Yuli 1999, babbar gangarsa faɗinta mita 1.2 ne, tsawon kowane ɓangare santimita 84. Da yake a kwance take fuskantar hasken, abin da take tarewa zobe ne mai kaurin santimita ɗaya da ɗan kai. Sai aka zura ganguna huɗu cikin juna, aka shafe su da iridiyam, amma duk da haka filin da ke kama haske bai wuce murabba'in santimita 800 ba, kamar faifan rufe ƙwarya, ya kuma ragu zuwa rabi a keV 5. Ladan shi ne kaifi. Chandra yana rarrabe abubuwa biyu da ke rabin sakan na kusurwa tsakaninsu, kamar ka hango ƙwallon dabino daga kilomita 10. Turai ta zaɓi ɗaya hanyar da XMM-Newton a Disambar wannan shekarar: madubai uku, kowanne da siraran ganguna 58 masu ruwan zinariya, ya fi tara haske nesa ba kusa ba, hotonsa kuma ya fi dishi-dishi. Mai son sanin inda abu yake ya nufi Chandra, mai son ƙwayoyi da yawa don awo ya nufi XMM. Duk sanda ƙarfin ƙwaya ya ƙaru, kusurwar da take yarda ta zame tana ƙara tsukewa, shi ya sa duka biyun ke gajiya a wajen keV 10. NuSTAR na 2012 ya kai keV 79 ta hanyar shafa wa gangunansa 133 ɗaruruwan siraran shimfiɗu na sinadari mai nauyi da marar nauyi bi da bi.

A bayan madubin Chandra akwai farantin silikon, ɗan'uwan na kyamarar waya, an sanyaya shi zuwa digiri 120 ƙasa da sifili. Duk eV 3.65 yana 'yanta elektiron guda a cikin silikon, don haka ƙwaya mai keV 6 tana barin kimanin 1,640. A ƙirga su, an san ƙarfinta. Abin da nake so ɗanka ya riƙe fiye da komai shi ne: na'urar ba hoto take aikowa ba, jeri take aikowa. Kowane layi ƙwaya ɗaya ce, da lokacin da ta iso, da inda ta faɗa, da ƙarfinta. Ka tara su bisa wuri, ka samu hoto. Ka tara bisa lokaci, ka ga bugun abin, kamar yadda Uhuru ya ji Cen X-3 yana bugawa duk sakan 4.8 aka gane tauraron nutiron ne mai juyawa. Ka tara bisa ƙarfi, ka samu bakan da ke faɗin zafi da sinadarai. Baƙin ƙarfe mai sanyi yana da layi a keV 6.4, wanda zafi ya tuɓe wa elektiron sai biyu yana 6.7, mai saura ɗaya yana 6.97. Launukan da ake gani a hotunan jarida fenti ne da aka sa daga baya, ja ga masu rauni, shuɗi ga masu ƙarfi. Akwai abubuwan da aka yi wa kallon kwana guda cur aka samu ƙwaya goma sha wani abu, kuma a kan su aka gina bincike.

Farantin silikon yana rarrabe ƙarfi da kuskuren eV 130 zuwa 150 a wajen layin ƙarfe. Akwai wanda ya fi shi, mai auna ɗan ɗumin da ƙwaya ɗaya ke bari a cikin wani ƙanƙanin abu da aka sanyaya zuwa digiri 0.05 bisa sifilin ƙarshe, wato iyakar sanyin da babu na ƙasa da shi, kuskurensa eV 5. Japan ta kai shi sama a kan Hitomi a Fabrairun 2016, ya auna motsin gas ɗin Perseus, sai a ƙarshen Maris kuskuren na'urar sanin alkibla da umarni marar daidai ga injinan juyawa suka sa tauraron ya yi ta hajijiya har ya karye. Magajinsa XRISM ya tashi a Satumbar 2023 yana aiki, ko da yake murfin kariyar da ke gaban ma'aunin ya ƙi buɗewa, ya toshe ƙwayoyin da ke ƙasa da keV 2 ko kusa da haka.

Yanzu ga abin da yaron zai yi. Ba ya buƙatar madubi ko hamada. Bayanan Chandra da XMM galibi ana riƙe wa wanda ya nemi kallon na wani ɗan lokaci, daga nan su zama na kowa, kyauta. Rumbun HEASARC na hukumar NASA yana ɗauke da na taurarin ɗan'adam da dama. Kwamfutar hannu mai Linux ko Mac da sararin gigabait 30 zuwa 50 ta isa. Ya fara da Chandra, domin manhajarsa mai suna CIAO ta fi saukin koyo kuma an rubuta darussanta mataki-mataki. Ya sauke ta tare da CALDB, rumbun fayilolin daidaita awo, da DS9 na kallon hoto.

Ya zaɓi abu mai faɗi da haske, kamar ɓaraguzan Cas A. Bayan ya sauke bayanan, abu na farko ya gudanar da chandra_repro don a sake sarrafa su da sabon awo. Kada ya tsallake wannan. Farantin ya canja tun 1999: a watannin farko furoton daga ɗamarar da ke kewaye da duniya sun bi ta madubin sun lalata wani sashe nasa, tun daga nan ake janye shi daga bayan madubi duk lokacin da za a ratsa wurin, sannan wani datti yana ta taruwa a kan matatar gabansa yana cinye raunanan ƙwayoyi. Wanda ya gwada hasken abu a 2001 da na 2020 da awo ɗaya zai rantse abin ya dushe, alhali idon ne ya yi yana. Sai ya tace jerin ya bar keV 0.5 zuwa 7 kawai. Sai ya zana ƙidayar wani fili marar komai bisa lokaci, ya yanke duk inda ta yi tsalle, domin wannan ƙwayoyin rana ne suka daki farantin. A XMM matsalar ta fi tsanani, takan cinye kaso mai yawa na lokacin kallo. Daga nan ya zana da'ira a kan abin da yake so, ya zana wata a fili na kusa a kan faranti ɗaya don auna ƙaiƙayin da ke gauraye da tsabar, wato ƙwayoyin da ba daga abin suka fito ba, ya gudanar da specextract. Zai samu bakan da fayiloli biyu: ARF mai faɗin yawan filin da ke kama haske a kowane ƙarfi, da RMF mai faɗin yadda farantin ke watsa ƙarfi ɗaya zuwa maƙwabtansa.

A nan sababbin shiga ke yin tuntuɓe. Ba a iya juya ƙidayar baya a ce ga ainihin hasken. Hasashe ake yi, a ce gas mai zafi kaza ko haske mai gangara kaza daga masu rauni zuwa masu ƙarfi, a bi da shi ta ARF da RMF a manhajar XSPEC ko Sherpa, a gwada da abin da aka ƙirga, a gyara, a sake. Saboda haka hasashe biyu mabambanta suna iya dacewa da bayanai ɗaya, kuma dacewa ba hujja ba ce.

Dole a sa shaƙar hanya a lissafi. Gas ɗin da ke tsakanin taurari yana yi wa eksire abin da matatar alminiyam ke yi. Idan zarrar haidirojin da ke kan hanya ta kai 10 mai sifili 22 a kowane murabba'in santimita, tara cikin goma na ƙwayoyin keV ɗaya ba sa isowa. Ta wajen tsakiyar majarrarmu adadin ya ninka haka kusan sau goma, ƙasa da keV 2 babu abin da ke fitowa. Matsalar ita ce shaƙa mai yawa da haske mai gangara sosai suna kama da shaƙa kaɗan da haske mai kwanciya. Idan ƙwayoyi kaɗan ne, ya ɗauko adadin daga manhajar nH ta HEASARC ya kafe shi, kuma ya rubuta a rahotonsa cewa ya kafe.

Sai abin da zan kira goyo. Farantin Chandra yakan karanta kansa duk sakan 3.2. Idan ƙwaya biyu suka faɗa wuri ɗaya kafin a karanta, na'urar tana ganinsu ɗaya mai ƙarfin biyun a haɗe, ko ta ɗauka shara ce ta zubar. Abin da ke ba da matsakaicin ƙwaya 0.2 a kowane karatu, kusan ɗaya cikin goma na abin da aka rubuta masa goyo ne. Sakamakon: haske ya ragu, bakan ya karkata wajen masu ƙarfi, ɗalibi ya zaci ya gano abu mai zafin gaske. Idan ya tsananta za a ga rami baƙi a tsakiyar tauraro da wani siririn layi ya ratsa hoton. Magani shi ne a cire tsakiyar a auna zoben da ke kewaye, ko a sa goyon cikin hasashe, ko a nemi kallon da aka yi da ɗan yankin faranti mai karatu duk sakan 0.4.

Na ƙarshe shi ne ƙidaya. Kuskuren ƙwaya 100 goma ne, wato kashi 10 cikin ɗari, na ƙwaya 9 uku ne, wato sulusi. Hanyar chi-square ta gwada hasashe da ƙidaya tana so a haɗa gidajen da aka kasa ƙwayoyi a ciki bisa ƙarfinsu har kowanne ya samu ƙwaya 20 zuwa 25. In ba su kai ba, a koma hanyar da Webster Cash ya fitar a 1979, kuma kada a ba ta bakan da aka riga aka debe wa ƙaiƙayi da hannu. Ɗan tudun da ya bayyana a gida ɗaya cikin ɗaruruwa yawanci sa'a ce ta ƙidaya. Kafin ya kira shi layi, ya duba ko yana nan a wani kallon na daban, ya kuma duba ko bai faɗa wajen keV 1.8 ko 2.1 ba, inda silikon na faranti da rufin madubi ke da nasu tabon.

Idan hannunsa na ƙaiƙayin haɗa wani abu, akwai eksire guda da ake iya bin sawunsa daga rufin gida a Jidda. Lokacin da rana ta yi tartsatsi, eksire ɗinta yana ƙara cajin shimfiɗar iska da ke kilomita 60 zuwa 90 a sama. Shi ne ke sa rediyon gajeren zango ya ɗauke da rana tsaka, kuma yana canja ƙarfin siginar tashoshi masu dogon zango ƙwarai, irin ta Jamus a kilohaz 23.4 ko ta Turkiyya a 26.7. A yi firam na katako mita ɗaya a mita ɗaya, a naɗa masa wayar tagulla mai rufi zagaye 25 zuwa 50, a haɗa da ƙaramin amfilifaya, a shigar a katin sauti mai ɗaukar kilohaz 96, wanda ke jin har 48. A tsayar da firam ɗin gefensa na nuna tashar, a nisanta shi da na'urar sanyaya ɗaki da inbata da fitilun LED, su ne manyan masu cika shi da hayaniya. A rubuta ƙarfin siginar duk sakan 5 har mako guda tukuna, don a san yadda take faɗuwa da tashi a fitowar rana da faɗuwarta da yadda take rawa da dare. Alamar tartsatsi tana fitowa ne da rana kawai, canji mai sauri cikin mintuna sannan komawa a hankali, sama ko ƙasa gwargwadon nisan tashar. A gwada da ma'aunin taurarin GOES da hukumar NOAA ke wallafawa, mai matakai A, B, C, M da X, kowanne ya ninka wanda ya gabace shi sau goma. Na M da X suna fitowa sarai, na C sai wuri ya yi tsit. Agogon GOES na Girinwic ne, Saudiyya tana gaba da awa uku, don haka ya saita kwamfutarsa a kan na Girinwic tun ranar farko. Na'urar saurare ce kawai, ba ta watsa komai, amma ya fara tambayar malamansa a sashen fiziks game da ƙa'idar kafa eriya kafin ya hau rufi da ita.